Tawadar sifirit tana jure ruwa kuwa? Kalar tiren da na yi wa kwastoma ta zube

Uwar Biyu:

Assalamu alaikum 'yan uwa masu sana'ar hannu, dan Allah ina neman shawara cikin gaggawa don wallahi tun jiya raina a jagule yake. Wata takwas kenan da na fara aiki da tawadar sifirit, wadda masu sayarwa ke ce wa alkohol ink, irin wadda ake ɗigawa a kan tayil ko farantin tangaran a hura ta da sitiro ta bazu ta yi kamar hayaƙi ko jikin marmara. Ina yin abin ɗora kofi da ƙananan tayil farare, ina yin tire, wani lokacin har kofin shayi. Lokacin da zan fara, wadda na saya a wajenta ta ce min da zarar ta bushe ruwa baya taɓa ta, ni ma kuma na gwada da kaina, na yi tayil ɗaya na barshi ya kwana washegari na tara shi a bakin famfo ruwa ya zuba ya gangare ko ɗigon kala bai fita ba, shi yasa na saki jiki ban taɓa sa komai a kai ba, in ya bushe kawai in naɗe a takarda in ba mai shi.

To shekaranjiya wata kwastoma ta turo min hoton tiren da na yi mata sati uku da suka wuce, shuɗi da ruwan gwal, tsakiyarsa duk ya caɓe, ga wasu zagaye-zagaye farare fes kamar da gangan aka goge su, gefe kuma kalar ta yi jirwaye ta bi tsumma. Ta ce ita dai ba abin da ta yi masa illa ta share ƙura da jiƙaƙƙen tsumma. Ban ja da ita ba, na ce ta dawo da shi in sake mata wani, amma abin da yafi ɗaga min hankali shine ina da odar abin ɗora kofi guda 80 na rabon biki, saura kwana 19, kuma na riga na gama 35. In har ruwa yana cire kalar nan to ai kofin ruwan sanyi kaɗai in ya yi zufa ya isa ya ɓata su, ga sunana da lambata a jikin ledar.

Shine nake tambaya, tana jure ruwa ko bata jurewa? In tana jurewa me ya sami tiren nan? In kuma dole sai an rufe ta da wani abu to menene, don na taɓa fesa banish na gwangwani irin na wajen masu fenti a kan wani tayil, a gaban idona kalolin suka narke suka haɗe suka koma wata kalar ƙasa-ƙasa, tun daga ranar nake tsoron feshi. Wata kuma ta ce min in gasa su a oben zasu kama har abada. Dan Allah wanda ya sani ya taimaka.

Anti Mai Rezin:

Wa alaikumus salam ƙanwata, ki kwantar da hankalinki kwana 19 ya isheki in sha Allah. Kafin komai ki koma ki tambayi matar nan me take ɗorawa a kan tiren, kada ki tambaye ta me ta goge shi da shi, ki ce mata a ina yake ajiye kuma me ke kansa. Zagayen nan farare da kika ce, ruwa baya yin su. Gindin kwalba ne. Ni dai kashi tara cikin goma in aka kawo min irin wannan ƙorafin sai in tarar tiren yana kan madubi an jera masa turaruka, kinsan kwalbar turare in an fesa sai ɗan kaɗan ya gangaro ta jiki ya taru a gindi, kuma turaren feshi yawancinsa sifirit ne, shi ne kuma ainihin abin da ke narkar da tawadar. Ya tayar da ita, tsumma ya zo ya kwashe.

Wadda ta sayar miki bata yi ƙarya ba amma rabin magana ta faɗa miki. Eh in ta bushe ruwa ya zuba a kai baya narkar da ita. Amma a kan tayil mai santsi bata shiga ciki, a sama kawai take zaune, fatar da ta yi ko bawon albasa ya fita kauri, to ko farce kika sa zai kankare ta, balle soso da omo da ruwan zafi kullum. Don haka duk abin da za'a riƙa taɓawa da gogewa dole a rufe shi, ba zancen zaɓi bane.

Yadda nake yi, ina barin aiki ya kwana ɗaya cur tukunna. Sai in fesa wani banish mai suna Kamar na kamfanin Krylon, shi ne wanda masu wannan aikin suka fi yarda da shi a matsayin rufin farko don baya tayar da kala in an fesa shi a hankali. Matsalar da kika samu da na masu fenti abu biyu ne, irin maganin da ke cikinsa yana da ƙarfi yana cin tawadar, sannan ina kyautata zaton kin matso kusa kin jiƙa shi sharkaf lokaci ɗaya. Feshin farko kamar raɓa ake yinsa, ki ja baya kamar tsawon rula ɗaya, santimita 30, ki wuce da hannu sau ɗaya ki tsaya, ko kin ga kamar bai taɓa ba ki barshi, bayan rabin awa ki ƙara, haka har sau uku. Bayan shi ina bi da na kare hasken rana shima sau biyu ko uku, sai washegari in zuba rezin, wato ruwa iri biyu da ake haɗawa ya ƙame garau kamar gilashi. Rezin ɗin shi ne ainihin mai tare ruwa da gogayya, waɗancan feshin aikinsu kawai su riƙe kalar kada ta motsa ko ta koɗe.

Kamar ɗin ba kullum ake samunsa a kusa ba, ni oda nake yi in sayi biyu-uku in ajiye. In baki samu ba ki nemi banish na akirilik mai ruwa, wanda ake wanke burushinsa da ruwa, amma kada ki ja shi da burushi kina kai da komowa, zai iya jan kalar. Kuma ko me kika samo ki fara gwadawa a tayil ɗaya da baki damu da shi ba.

Malamin Kimiyya:

Malama, abin da Anti ta faɗa haka yake, bari in ƙara miki dalilin don in kin gane shi ba sai kin riƙa tambaya kan kowane abu ɗaya-ɗaya ba, da kanki zaki riƙa ganewa.

Ki tuna tawadar allo. Ana haɗa ta da baƙin gawayi ko na tukunya da ƙaro, shi ƙaro ruwa ne ke narkar da shi, shi yasa ko rubutu ya shekara a allo kika zuba ruwa zai wanku. Abin da ya ɗauko tawada ya kawo ta kan allo, shi ne dai zai iya dawowa ya ɗauke ta. Ita taki rini ne aka narkar a sifirit, wasu kamfanonin etanol suke sawa wasu isofurofil ko su gauraya, da ɗan abin ɗanko kaɗan da zai riƙe ta. Sifirit ya tashi ya bar rinin a kwance. Ruwa ya zo bai iya narkar da shi ba ya wuce. Amma duk ranar da sifirit ya dawo, ko bayan shekara biyar ne, zai narkar da shi kamar yanzu aka ɗiga, domin ba wani canji da ya faru a jikin rinin, bushewa kawai ya yi. Ya bambanta da rezin ko siminti da in suka ƙame sun zama wani abu dabam ba sa komawa.

In kina so ki gani da idonki ki ɗauki maka ta rubutu irin wadda ake ce wa famanent ki ja layi a tayil, ki zuba ruwa ba zai fita ba, ki ɗiga sanitaiza ki shafa da auduga zai fita tas. Dangi ɗaya ne da tawadarki. To sai ki lissafa abubuwan da ke cikin gida masu irin wannan halin, turaren feshi, sanitaiza wadda yawanci sifirit ɗinta ya kai kashi 60 zuwa sama, ruwan goge jan farce mai asiton wanda ma yafi sifirit ƙarfi, wasu magungunan goge gilashi, feshin gashi, maganin sauro na gwangwani. Ko hannun da aka shafa wa sanitaiza bai gama bushewa ba aka ɗauki kofin, zai bar shatin yatsa.

Sai dai ina so in ɗan gyara wani abu, kada a ɗauka ruwa bashi da wani laifi ko kaɗan. Gwajin da kika yi a famfo na daƙiƙa kaɗan ne. Ruwan da ya kwanta awa uku ƙarƙashin kofi wani abu ne dabam, yana iya samun wata 'yar kafa ya shiga tsakanin kalar da santsin tayil ya ɗago ta, musamman in akwai maiƙon hannu a tayil ɗin tun kafin ki ɗiga tawadar, kuma in da sabulu a ruwan ya fi saurin shiga. Shi yasa yana da kyau ki goge kowane tayil da sifirit kafin ki fara, ki kuma daina taɓa fuskarsa da yatsa.

Maganar oben kuwa ki barta. Ƙyallin da kike gani a jikin tayil da kofin tangaran gilashi ne da aka narkar a wutar da ta haura digiri 1000, oben na gida da ƙyar yake wuce 250, ba zai buɗe wannan gilashin har kala ta shiga ba, abin da zai yi kawai ya ƙona rinin ya dusashe ko ya canza kala. Akwai fentin da aka yi musamman don gashi a gida, kamar Porcelaine 150 na kamfanin Pébéo na Faransa, ana barinsa ya bushe awa 24 sannan a gasa minti 35 a digiri 150, ina jin daga irinsa ne mai baki shawara ta ɗauko maganar. Amma wannan fenti ne dabam, ba tawadar sifirit bane.

Uwar Biyu:

Innalillahi, Anti wallahi kamar kina ɗakin. Yanzun nan na kira ta, ta ce a kan madubi yake ta jera turarukanta da kwalaben humra a kai, har ta ce wata kwalbar murfinta baya rufuwa sosai tana ɗan yoyo. Na ji sanyi a raina ta wani ɓangaren amma ta wani ɓangaren na ga sakacina ne, da na rufe shi da hakan bata faru ba, kuma mace ta sayi tire mai kyau ai dama kan madubi zata kai shi. Malam na gode ƙwarai, misalin allon nan ya sa na gane abin gaba ɗaya, na fasa oben.

Anti sauran tambayata kan rezin ne, ban taɓa zubawa ba. Dole ne sai da shi a kan abin ɗora kofi? Don guda 80 kuɗin zai yi yawa kuma na riga na yanke musu farashi. Feshin kaɗai ba zai wadatar ba? Sannan kofunan shayi guda 12 da na sayar a baya fa, in kira su in ce me?

Baduku:

Hajiya ni ba tayil nake yi ba, fata nake aiki da ita, jaka da takalmi da gidan waya, sai ƙwarya da nake yi wa ado wani lokaci, amma bari in sa baki don rinin fata na kwalba da muke saya shima da yawansa na sifirit ne, kuma na gwada irin tawadar taku a fata da ƙwarya duka.

A wajenmu abin ya sha bamban da naku. Fata tana sha, ƙwarya ma in an kankare bayanta da sanfefa tana sha, to kalar tana nutsewa ciki farce baya kankare ta. Amma kuma ba zaki samu wannan bazuwar mai kama da hayaƙi ba, inda ta ɗiga nan take tsayawa, kuma tana yin duhu fiye da yadda take a kwalba. Matsalarmu ita ce wadda bata shige ba, ragowar da ta kwanta a sama, in ba'a murje ta da busasshen tsumma sosai ba har tsumma ya daina ɗaukar kala, to ranar da mutum ya yi gumi ya rataya jakar a farar shadda sai kiga ta zuba masa. Na taɓa biyan kuɗin riga saboda haka, tun daga nan bana barin aiki ya fita sai na murje na sa abin rufi.

Abin da nake so ki riƙe wanda ban ga an tsaya a kansa sosai ba shine rana. Ni a gani na rana tafi ruwa ɓarna a kan kalolin nan nesa ba kusa ba. Na rataye ƙwarya biyu a ƙofar shago don talla, ɗaya ja da ruwan hoda ɗaya shuɗi da kore, ba'a rufa wata biyu ba jan nan ya koɗe ya zama kamar an wanke shi, gefen da ke kallon bango kuwa yana nan yadda yake. Ruwan gwal da fari su basu motsa ba, don su gari ne a ciki ba rini ba, shi yasa ma sai an girgiza kwalbarsu kafin a ɗiga. Feshin kare rana yana jinkirta abin amma baya hanawa gaba ɗaya, to ki riƙa gaya wa masu saya kayan cikin ɗaki ne, kada a ajiye a bakin taga ko a bar shi a gaban mota.

Anti Mai Rezin:

Ƙanwata kan abin ɗora kofi ni dai ra'ayina dole ne. Na san akwai masu tsayawa a feshi kaɗai su yi shafi biyar-shida su ce ya isa, kuma in hoton bango ne ko abin da za'a sa a firem ni ma feshi kaɗai nake yi. Amma wannan aikinsa kenan a ɗora masa jiƙaƙƙen kofi a ja a sauke kullum, banish na feshi siriri ne, wata biyu zaki ga gindin kofi ya fara zana shi, in ya zanu kuma ruwa ya samu hanya. Gara ki rage ribarki a wannan odar da a ce mutum 80 kowa ya riƙe abu mai sunanki yana ɓarewa.

Kuma ba ya ci da yawa yadda kike tsoro, tayil mai santimita 10 kowane gefe wajen mililita 15 zuwa 20 yake sha, guda 80 kinga lita ɗaya da rabi ko ɗan sama, ki sayi lita biyu ki huta. Ki nemi na shafe fuska mai kauri, ba na zubawa a mazubi ba wanda yake tsinkakke kamar ruwa, shi zai gangare ya barki da gefe a buɗe. Irin su ArtResin ɗaya-da-ɗaya ake auna su, kofi ɗaya na wannan kofi ɗaya na wancan, ki juya minti uku cikakku kina kankare gefen roba da gindinta, in baki juya sosai ba zai bar miki wuri mai danƙo da ba zai taɓa bushewa ba. Wasu kuma biyu-da-ɗaya ne, ki karanta jikin robar kada ki bi abin da na faɗa ido rufe. Ki liƙa salatif a bayan tayil ɗin saboda ɗigon da zai zubo, ki ɗora kowanne a kan ƙaramin kofin roba da kika kifa, ki tabbatar teburin a daidai yake ba karkace ba. Awa 24 zai taɓu, amma sai awa 72 yake gama ƙamewa, kada ki jera su kan juna ko ki sa a leda kafin nan. Kada ki haɗa na guda 35 lokaci ɗaya, ki yi goma-goma don yana fara kauri kafin awa ɗaya, da zafin garin nan ma bai kai haka ba.

Abu ɗaya da zan gaya miki gaskiya, rezin na ado baya son zafi sosai, da yawansu in an wuce digiri 50 sai su ɗan yi laushi, kofin shayi mai zafi ƙwarai zai iya barin shati ko ya ɗan manne, butar shayi daga kan wuta kam kada ma a fara. Akwai masu jure zafi fiye da haka an rubuta a jikinsu, in kin samu shi yafi. In baki samu ba ki sa 'yar takarda a cikin kowace leda, a goge da tsumma mai laima, banda soson ƙarfe, banda tukunya ko buta mai zafi, in turare ya zuba a goge nan take. Ni kowane kaya na da wannan takardar yake fita kuma ta rage min ƙorafi sosai.

Kofunan nan 12 kuwa ki kira su. Tawadar nan ba'a yi ta don ta haɗu da abinci ko baki ba. In kalar ta kai bakin kofin inda leɓe ke taɓawa ko ta shiga ciki, su daina sha da shi su mayar da shi na zuba biro ko burushin kwalliya, ko ki karɓo ki goge saman da sifirit. Nan gaba ki riƙa liƙe bakin da salatif ki bar kamar faɗin yatsa biyu fari.

'Yar Maraɗi:

Sannunku da aiki. Ni daga Maraɗi nake, nima ina yi a kan karo, wato tayil, da kuma takardar Yupo, wadda take ta roba ce ba ta itace ba, kamfanin Japan ke yinta, ruwa baya jiƙa ta shi yasa tawadar ke yawo a kanta kamar a gilashi. Ina so in ƙara magana kan ruwa ta wata fuska, ruwan da ke shiga aikin tun ana yinsa.

Nan wajenmu a farmasi akwai alkol, wato sifirit, na kashi 70 akwai na kashi 90. Da na fara na 70 nake saye don yafi sauƙin samu, sai in ga aikin yana fitowa da ɗige-ɗige da wani hazo fari, kala kuma tana tsinkewa tana yin gari-gari. Ashe na 70 ɗin kusan kashi 30 ɗinsa ruwa ne, sifirit ya tashi da wuri ya bar ruwan a kwance kan aikin, ruwan kuma baya haɗuwa da rinin. Da na koma na 90 abin ya gyaru, na 99 in an samu yafi duka. To yar uwa ki duba kwalbar da kike tsinka kala da ita, in ruwa ya yi yawa a ciki kalar ma bata kama karo da kyau tun farko.

Haka hurawa da baki ta sitiro, numfashi yana da laima, wani lokaci har yawu ke ɗigowa ya bar tabo, ga shi kina shaƙar tururin kai tsaye kanki ya yi ta ciwo. Ki sayi 'yar robar hura iska irin ta masu gyaran kamara ko ki sa diraya a iska mai sanyi. Da damina kuma ranar da aka yi ruwa garin ya yi laima kada ki fesa banish, zai yi fari kamar hazo a kan aikin, rezin ma yana iya yin wani maiƙo-maiƙo a sama. Da hunturu laima babu amma ƙura ce, in kin zuba rezin ki kifa kwali a kai nan da nan.

Sannan dan Allah wuta. Wata da muke aiki tare ta bar kwalbar alkol a buɗe da tsumman da ta jiƙa, aka shigo da kaskon turaren wuta ɗakin aka ajiye kusa, Allah ne ya kiyaye tsumman kaɗai da gefen labule suka ci, kuma da rana harshen wutar ko ganinsa ba'a yi sosai. Ki yi aikinki a wuri mai iska nesa da kicin, kuma ki ɗauke kwalaben daga inda 'yan biyunki zasu kai hannu don kalolin kamar na alawa suke.

Malamin Kimiyya:

Maganar wutar nan a riƙe ta da kyau. Isofurofil tururinsa yana iya kamawa tun daga wajen digiri 12, wato a garuruwanmu kusan kowace rana ta shekara a shirye yake, kuma tururin yafi iska nauyi yana bin ƙasa ya tarar da wuta inda take. Wannan ya shafi rezin ma, don masu zubawa suna bin samansa da 'yar wutar gas ko laita don fasa kumfa. Kada a yi haka a teburin da kwalbar sifirit ke buɗe, a kwashe su a fitar tukunna. Kuma Malama ki sa safar hannu lokacin haɗa rezin, in yana yawan taɓa fata yana jawo ƙaiƙayi da ƙuraje da in suka fara da wuya su bar mutum.

Ga gwajin da zan so ki yi tunda kina da sauran kwanaki. Ki ware tayil uku cikin waɗanda basu yi miki kyau ba, ɗaya ki barshi haka, ɗaya feshi kaɗai, ɗaya feshi da rezin. In sun gama bushewa ki ɗora wa kowanne kofin ruwan ƙanƙara ya kwana, da safe ki goge da soso da sabulu, sannan ki ɗiga turare ki ƙirga minti ɗaya ki share. Abin da idonki ya gani shi zaki gaya wa kwastoma.

Uwar Biyu:

Na dawo da bayani, yau saura kwana 11. Ban samu Kamar ba, wadda ke kawowa ta ce sai bayan sati biyu, sai na samu banish na akirilik mai ruwa a shagon kayan zane, na zuba a 'yar kwalbar feshi mai fitar da shi laushi na yi daga nesa yadda Anti ta ce, shafi uku, kala bata motsa ba sai wani ja guda ɗaya da ya ɗan yi naso a gefe kaɗan. Na yi gwajin Malam. Wanda ba komai a kansa ruwan ƙanƙarar bai narkar da shi ba amma da na sa soso gefen zagayen ya ɓare, turare kuwa ya share shi fari tas. Mai feshi kaɗai ya tsallake ruwa da soso amma turare ya ci shi ya yi danƙo. Mai rezin ba abin da ya same shi.

Na zuba wa 30 zuwa yanzu, biyu ƙura ta faɗa musu don kwalin yana da ɓula ban lura ba, ɗaya kuma wani ƙaramin ƙwaro ya maƙale a gefe. Kofunan shayi na samu mutum tara a waya, huɗu kalar ta kai baki zan karɓo su ranar Asabar. Anti waɗannan ukun da suka ɓaci, in na goge saman da sanfefa mai laushi na ƙara zuba wani siririn rezin a kai zai ɓoye zanen sanfefar, ko in haƙura in sake sababbi?